Shuɗiya da Ɗan Farin Tabawa

Da sunan Wanda ya rataye mana rana biyu a sama, ya shimfiɗa mana gishiri a ƙasa, ya ba kowane mai rai ido, ya kuma ba shi fatar rufe shi. Ku matso, matan unguwa, ku gyara zama. Ni ce Tabawa 'yar Mantau, mai fataucin gishiri ta garin Rafin Tagulla, wadda ta je ƙarshen ƙasar Zangarma ta dawo da ranta. Tun da na dawo kuke tambayata abin da na gani, ina ce muku sai wani lokaci. To, yau ne lokacin, domin ba ni da wani bayan wannan. Kande, ajiye tankaɗen nan ki saurara, garin ba zai gudu ba.

Na ga a cikinku akwai matan da aka auro daga garuruwan tudu, waɗanda ba su taɓa ganin Shuɗiya da idonsu ba, don haka daga nan zan fara. Tun da kakanninmu suka sauko daga jiragensu na taurari suka kafa garin nan, suka tarar da ita. Duk lokacin da ƙaramar rana ta shige bayan babbar, wani haske shuɗi yakan taso daga Kwarin Shiru, ya malalo a ƙasa kamar an zubar da ruwan rini. Ba shi da zafi, ba shi da ƙara. Abin da ya taɓa kuwa sai barci. Tsuntsu ya faɗo daga sama, akuya ta durƙusa da ciyawa a baki, har injin niƙa sai ya yi shiru. Mutum in ta shige shi, ba ci ba sha, numfashi kaɗan-kaɗan, sannan shuɗi ya fara daga yatsun ƙafarsa yana hawa a hankali. Ranar da ya kai idanu sai a tafi haƙa kabari. Shi ya sa aka kewaye garin da ginshiƙan tagulla, su ne suke shanye ta su mayar da ita cikin ƙasa.

Mai gyaran ginshiƙan nan ɗan farina ne. Ba zan faɗi sunansa ba, kun san ba a yi. Tun da aka yaye shi yayata Yalwa ta ɗauke shi, kamar yadda aka yi wa uwarmu da nata ɗan farin. A ɗakin Yaya ya yi wayo, ita yake kira Inna. Ni kuwa in ya shigo gaishe ni, sai in dubi bango in ce, "A ce wa mutumin nan akwai tuwo a kwano." Shi ma ya dubi ƙasa ya ce, "An gode." Haka muka yi ta yi har ya tara gemu. Mutane suna ta yabona, wai Tabawa akwai alkunya, ko kallon ɗanta ba ta yi. Ni ma yabon yana yi mini daɗi, ba zan ɓoye muku ba.

Ranar da ginshiƙin ƙofar yamma ya tsage, Shuɗiya tana tafe, kowa ya ruga cikin gari, shi kuwa ya hau da wayar tagulla a kafaɗa. Ya ɗaure tsagar, ginshiƙin ya kama aiki, garin ya tsira. Amma kafin ya sauko, bakin hasken ya lashi ƙafarsa. A kan ƙyaure aka kawo shi. Yaya ta faɗi tana birgima, mata suka rirriƙe ta ana ba ta haƙuri. Ni ba wanda ya ba ni haƙuri, domin ban yi kuka ba. Na tsaya a bakin ƙofa ina gyara ɗankwali, ina jiran a watse in samu in kalli fuskarsa da kyau.

A kasuwannin nesa na taɓa jin fatake suna zancen wani tsoho a Dutsen Amo, wai yana da ƙahon da ke tashin masu barcin Shuɗiya. Kowa ya ɗauke shi zancen bakin zango. Washegari na ɗaura wa jakina kaya. Jakin ƙarfe ne, irin mai cin hasken rana, na gaje shi wurin marigayi mijina. Sunansa Ƙi-sauri, kuma wanda ya raɗa masa sunan bai yi masa ƙazafi ba. Ina ɗaure igiya Yaya ta fito, idanunta sun kumbura.

Ta ce, "Ina za ki, Tabawa, yaro yana kwance?"

Na ce, "Gishiri zan kai, Yaya. Masu jira suna jira."

Ta dube ni ta ce, "Ke dai zuciyarki dutse ce."

Na bar ta a haka. Ya fi mini sauƙi ta ɗauke ni marar imani da in buɗe baki in ce saboda shi zan tafi.

Na bi hanyar yamma. Na ratsa Dajin Madubi, inda ganyen itatuwa gilashi ne, in iska ta kaɗa sai ka rantse matan duniya ne duka suke wanke-wanke. Na wuce rijiyoyin da ruwansu yake hawowa da kansa in an yi musu sallama, in kuwa ba a yi ba ko guga ka zura sai ya dawo a bushe. Ban tsaya mamakin komai ba. Duk inda na sa ƙafa, lissafin da nake yi shi ne ina shuɗin ya kai yanzu, idon sawu ko gwiwa.

A haka na isa Birnin Farke. Mutanen birnin nan Shuɗiya ta taɓa kwashe musu rabin jama'a, tsoro ya shige su har suka haramta barci gaba ɗaya. Ganguna ba sa tsayawa a garin. A kowace kusurwa akwai kwandon goro kyauta, furarsu ma da barkono ake dama ta. Ba wai ba sa barcin ba ne, a tsaye suke satar sa a bayan ƙyaure, kowa yana zargin maƙwabcinsa. Ni ban san dokarsu ba. Ina tsaye a ƙofar birni a gajiye, mai gadi yana tonon kayana, sai hamma ta kufce mini. Kafin in rufe baki an riƙe mini hannu biyu.

Aka kai ni gaban alƙali, wani dattijo mai idanu jajur kamar gauta. Magatakarda ya karanto hukuncin mai hamma: a ɗaure shi a dandalin ganguna har ƙaramar rana ta sake zagayowa. Na san kafin nan an daɗe da rufe wanda na fito dominsa.

Alƙali ya ce, "Baiwar Allah, an ce kin yi hamma a ƙofar birni."

Na durƙusa na ce, "Allah ya gafarta malam, ni baƙuwa ce, kuma mai gadin nan daga gefe ya gan ni. A ba ni izini in maimaita abin da na yi a gaban shari'a, in ya so a yanke hukunci da ilimi."

Ya ce in maimaita. Sai na gyara tsayuwa, na ɗaga hannuwa, na saki hamma irin ta matar da ta wuni tana daka, a hankali, da miƙa, har da ƙwalla. Magatakarda ne ya fara kamuwa. Sai dogarin dama, sai na hagu, sai 'yan kallo layi-layi. Alƙali ya yi ta kokawa, ya damƙe gemu, haɓarsa tana rawa, daga ƙarshe dai ta ƙwace masa, tasa ma har da ƙara. 

Na ce, "Allah ya gafarta malam, in wannan ne laifin, to mu da yawa ne. Sai a nemo igiya mai tsawo."

Bai ɗago ya dube ni ba ya ce, "Wannan ba hamma ba ce, gaisuwar mutanen gabas ce. A sallame ta."

Dogarin da ya raka ni ƙofa ya tambaye ni ina na nufa da gaggawa haka. Da na ce Dutsen Amo, sai ya girgiza kai ya ce ba hanya sai ta tsakiyar Kwarin Shiru. Ya ce, "Wa ke gare ki a kwance, Inna?" Na ce ɗan yayata ne. Abin da na riƙa gaya wa kowa ke nan a hanya, har bakina ya saba.

Kwarin Shiru kuwa, Allah kada ya kai ku. An ce zuciyar wani jirgin kakanni ce ta faɗa can ta fashe, barcin da aka tanadar wa matafiya don doguwar tafiya tsakanin taurari shi ne yake ta zuba har yau. Ko gaskiya ne ko ba gaskiya ba, na ga haƙarƙarin jirgin a tsakiyar kwarin, ya fi ganuwar garin nan tsawo. In rana biyun suna tsaka, Shuɗiya takan lafa ta kwanta a ƙasa, ba ta wuce idon sawu. A cikinta na ga ayarin da ya riga ni: mutane da dabbobi a kwance, wani da ludayi a hannu, wata ta rungume ƙullin kayanta. Ba wari, ba ƙuda. Shirun wurin har kunne yake toshewa.

Mu masu harkar gishiri mun san Shuɗiya ba ta shiga ramin gishiri. Sai na kwance buhu, ina watsawa a gabana, hasken yana ja da baya, ni da Ƙi-sauri muna bin tsagar da ya bari. Buhu ya ƙare, na buɗe wani. Haka na watsar da jarina duka a ƙasa, ban ko waiwaya ba. Ana hango bakin kwarin buhun ƙarshe ya ƙare. Na yayyaga buhunan, na naɗe ƙafafuna da su har gwiwa, domin gishiri ya riga ya ci jikinsu. Na naɗa wa jakin sauran, amma ƙafa huɗu gare shi, tsumman bai isa ba. Bai yi nisa ba ya tsaya, fitilar goshinsa ta dushe, ya durƙusa a hankali kamar mai neman a sauke masa kaya. Na ja igiyar har ta yanke mini tafin hannu. Nan na bar shi, abin da ya rage mini na mijina ke nan.

Abin da ba wanda ya taɓa gaya mini shi ne, Shuɗiya daɗi gare ta. Tururinta ya fara shiga hancina, sai na ga kaina a ɗakin jego, ba kowa, an rufe ƙofa. Ga jaririn a cinyata. Ba mai kallona, ba mai cewa Tabawa ba ta da kunya. Na sunsuni wuyansa, na yi masa wasa, ya kama yatsana, ina kiran sunansa da ƙarfi yana ɓangale baki. Wallahi ban taɓa jin daɗi irin wannan ba tun da aka haife ni. Na ce a raina bari in ɗan zauna. Sai na ɗago ƙafarsa zan sumbata, na ga yatsun sun yi shuɗi. Wannan ne ya fizgo ni. Na zaro ɗan ƙullin gishirin miyata daga lalita, na cusa a yankan hannuna, na damƙe. Zafin ya buɗe mini ido. Da kuka na ƙarasa fita daga kwarin, kuma ba zafin hannun nake yi wa kuka ba, ɗakin nan da na baro nake yi wa.

Dutsen Amo yana tsaye a bayan kwarin, tsawa ba ta daina faɗa masa. Duk inda ta faɗa a kan yashi sai yashin ya narke ya zama gilashi mai siffar ƙaho. Tsohon da fatake suke zance shi ne Baba Cindo, mai yatsu shida a kowane hannu. Shi yake tono ƙahonin, ya goge, ya jefar da ɗari kafin ya samu ɗaya mai kyau. Na same shi a bakin kogonsa yana shan miyar da ba gishiri, ga shi tsawa ta kashe masa kunne, sai an yi ihu yake ji. Dutsen kuma duk abin da ka faɗa da ƙarfi sai ya maimaita maka.

Ya ba ni ruwa, ya bar ni na huta, sannan ya ce, "Wa ke barci?"

Na ɗaga murya na ce, "Ɗan yayata."

Ya ce, "To, saurara, 'yata, kada ki ce ban gaya miki ba. Ƙaho ba ya tashin kowa, murya kawai yake kaiwa. Mai barcin Shuɗiya ya yi nisa, kuma ba ya bin baƙuwar murya. Sai kiran da ya saba ji, daga bakin da ya saba ji, tun ana kiransa ya zo ya ci abinci, ana kiransa a aike shi. Wannan kiran ne ya taka hanya a cikinsa, ta nan yake dawowa. Wannan ɗaya ke nan. Na biyu, Shuɗiya ba ta barin gurbinta fanko. Wanda ya kira aka amsa masa, shi zai kwanta a madadin mai barcin."

Na ce na biyun bai dame ni ba.

Ya ce, "Na ga alama. Na farkon fa? Kin saba kiransa?"

Na motsa baki ina kallon tsumman ƙafata.

Ya karkato kunne ya ce, "Ban ji ba."

Na faɗa a hankali, ya ce bai ji ba. Na ƙara, ya ce bai ji ba. Haushi ya kama ni, na miƙe na ƙwalla masa, "Ni na haife shi!" Dutsen ya karɓa, ya yi ta maimaitawa daga kogo zuwa kogo, ni na haife shi, ni na haife shi, har sai da na toshe kunnena. Tun da na haifi yaron nan ban taɓa faɗin kalmar nan a gaban mutum ba, ga shi ranar da na faɗa dutse ya kama shela da ita.

Baba Cindo ya ajiye kwanonsa. Ya ce, "Ɗan fari ne?"

Na gyaɗa kai.

Ya ce, "Daga Rafin Tagulla kike ke nan. Ba ke ce ta farko ba. Ba zan yi miki ƙarya ba, ban taɓa jin wadda ɗanta ya amsa mata ba."

Na ce, "Jinin fa, Baba? Nonon da ya sha fa?"

Ya ce, "Ƙaho bai san jini ba, 'yata. Ni ma na so a ce ya sani."

Duk da haka ya shiga ciki ya fito da ƙaho ɗaya, tsawon kamu, fari tas, ya naɗe shi a fata ya ba ni. Na tambayi abin da zan biya, ya ce in akwai sauran gishiri a ƙullin nan in barbaɗa masa a miya. Na zazzage masa duka. Ya kurɓa ya lumshe ido, ya ce an biya. Sannan ya sa ni cikin kwandon iska, wani babban kwando da aka ɗaura wa buhun hayaƙi mai zafi, ya ce iskar yamma za ta kai ni har kusa da gida in dai ban yi ta leƙe ba. Na bi ta saman Kwarin Shiru, na hango Ƙi-sauri a durƙushe inda na bar shi. Duk tsawon hanyar nan ina gaya wa kaina tsohon bai san komai ba, kurma ne, bai taɓa ɗaukar ciki ba. Ina ta gwada sunan a bakina ba tare da sauti ba, don kada ya ba ni kunya in lokacin ya zo.

Sauran kun san wani, wani kuma ba ku sani ba. Na iso na tarar shuɗin ya kai masa wuya. Yaya ta rame ta zama kamar sanda, ita take juya shi, tana shafa masa mai, tana kore masa ƙuda. Na ce kowa ya fita, har ita. Na rufe ƙofa, na durƙusa, na sa bakin ƙahon a kunnensa, na kira sunan. Ya fito daga bakina a karkace kamar baƙon da bai san gidan ba. Ƙahon ya ɗauki haske, na ga muryata tana tafiya a cikinsa, ta shiga. Na jira. Ko fatar idonsa ba ta motsa ba. Na sake kira. Na kira da lallashi, na kira da faɗa, na gaya masa ko ni wace ce, na gaya masa ranar da aka haife shi ruwa ake yi. Na kira har muryata ta dushe. Yana kwance yana numfashinsa kaɗan-kaɗan, kamar ba kowa a ɗakin.

Da na waiwaya sai na ga Yaya a tsaye, ashe ta turo ƙofar tun ɗazu. Ta dubi hannuna mai tabo, ta dubi ƙahon, ta ce, "Ashe gishirin ke nan."

Na gaya mata abin da tsohon ya ce, duka biyun, ban rage komai ba.

Ta ce, "Miƙo."

Na ce, "Yaya, ba ki ji sharaɗin ba ne."

Ta ce, "Na ji sarai. Ni na yi masa wanka, ni na cire masa ƙaya, ni na kwana a kansa da ya yi ƙyanda. Bar ni in ƙarasa aikina." Ta karɓe ƙahon daga hannuna, sannan ta ce, "Abin da na gaya miki ranar tafiyarki, ki yafe mini, Tabawa."

Ba ta yi wani shiri ba. Ta sunkuya ta kira shi yadda ake kiran yaro daga wurin wasa in tuwo yana hucewa, har da ɗan faɗa-faɗa a ciki. Sau ɗaya tak. Tun bai buɗe ido ba ya ce, "Na'am, Inna." Shuɗin ya zare daga jikinsa, ya bi ƙahon ya hau hannunta, Yaya ta sulale a kan tabarma tana murmushi.

Gari ya yi murna, aka yi ta zuwa barka. Ni ma na yi murna, Allah ya sani. Amma tun daga ranar yaron nan bai bar gefen tabarmarta ba. Namiji da gemunsa yana kuka kamar an yaye shi jiya, ba ya ci, ba ya fita aiki. Ni ya gaishe ni yadda ya saba, ido a ƙasa, "Sannu da hanya." Bai san hanyar da na bi ba, domin na ce a gaya masa wurin fatake aka samo ƙahon. Sai wata mai bakin da ba ya rufuwa, ba zan kama suna ba tunda tana zaune a nan da gari a hannu, ta gaya masa yadda ƙahon yake aiki.

Jiya ya zo ya tsaya a ƙofar ɗakina, ya dubi bango ya ce, "A ba ni ƙahon."

Na dubi nawa bangon na ce, "A ce wa mutumin nan ƙaho ya fashe."

Ya ce, "An san bai fashe ba."

Ya riga ya tone rumbu, ya ɗaga gadona, ya leƙa randa. Yau ko gobe zai same shi, kuma in ya kira ta za ta amsa, domin kiran Inna ya daɗe da taka hanya a cikinta. Sai ya koma ya kwanta, wahalata da tata duk su tashi a banza. To, ba shi kaɗai ke da hanya zuwa wurinta ba. Ni tun da na koyi magana nake bin ta ina cewa Yaya, Yaya, har tana korata. Yana buƙatar uwarsa, kuma na ga da idona wadda ya amsa wa.

Abu ɗaya na so in gwada kafin nan, kuma a gabanku na gwada shi, ko da yake ban san ko kun lura ba. Ɗazu da safe, da yake ratsa tsakar gidan nan da bokiti zai ɗebo ruwan da za a goge mata jiki, kuna ta hira, na buɗe baki na ce, "Lawali." Ba ƙaho, ba komai, ido biyu yake. Ya tsaya. Ya waiwayo ya dubi Kande, ya dubi masu tsinkar zogale, ya dubi ƙofar zaure, har ya ɗaga kai ya duba saman katanga. Ni ina zaune a gabansa, bai dube ni ba. Ya ɗan jira, sannan ya gyara riƙon bokitinsa ya fita. Ban ji haushinsa ba, ina zai san muryar da sunan? Amma na ratsa Kwarin Shiru da gishiri a cikin ciwo, ban ji zafin da na ji a tsakar gidan nan ba.

Rijiyar da na sa aka tura shi tana da nisa, amma ba zai daɗe ba, don haka ku ji amanata. Ƙahon yana nan a ƙuguna cikin zani, yanzu zan shiga in kira ta da shi. Da zarar Yaya ta amsa, Kande, ki fizge shi ki jefa a turmi ki daka shi ya zama gari, tun kafin ta gane abin da ya faru. Ku riƙe ta da kyau, kun san ta da taurin kai. In shi kuma ya ce zai tafi Dutsen Amo neman wani, ku hana shi, wahalar banza ce. Bai taɓa kirana da komai ba, muryarsa ba ta da hanyar zuwa wurina. Ku dai riƙa juya ni lokaci-lokaci, ba na son kwanciya a gefen hagu.

Iyakar hikayar Tabawa 'yar Mantau ke nan. Abin da na ƙara Allah ya yafe mini, abin da na rage ku yafe mini. Kande, jawo turmin nan bakin ƙofa, ki daina wannan kukan, hannunki zai yi santsi. In kuma wata rana ya tambaye ku wa ya kira shi da safen nan, to ku gaya masa ni ce.